Man kwakwa a kaskon kare: kafin mu kwaikwayi mutanen Amurka

Duk mai shiga Facebook ko TikTok yana bin shafukan masu kiwon karnuka, da wuya a ce bai ci karo da hoton nan ba: an ɗebo farin mai da cokali daga kwalba, kare ya lashe yana kaɗa wutsiya, a ƙasa kuma an jera abubuwan da man zai yi masa. Gashi zai yi sheƙi, ƙaiƙayi zai tafi, warin baki zai gushe, tsutsar ciki za ta mutu, kaska da ƙuma za su gudu, tsohon kare ma hankalinsa zai dawo. Man kwakwa ke nan. A Amurka da Turai aka haifi wannan al'ada, can ne kuma ta yi ƙarfi, amma wayar salula ba ta san iyakar ƙasa ba. Yau a Yamai da Maraɗi da Damagaram akwai masu berje alman da ire-irensa a gida, suna saya musu abincin buhu, suna kuma neman duk abin da aka ce yana ƙara wa kare lafiya. Ra'ayina a nan ba shi da kwana-kwana: lafiyayyen kare ba ya bukatar man kwakwa, marar lafiya kuma ba shi ne maganinsa ba, sannan a ƙasa irin tamu kuɗin kwalbar yana da wurin da ya fi cancanta a sa shi.

Na san wani zai ce, duk matsalolin da ke gaban Nijar a rasa abin rubutu sai abincin kare? To, karen nan a ƙofar gidanmu yake kwana, yana bin garken makiyayi, yana shiga daji da maharbi, yaranmu kuma suna wasa kusa da shi. Malamai sun yi bayanin halaccin ajiye shi domin gadi da kiwo da farauta, kuma duk wanda ya ɗaure dabba ya ɗauki haƙƙin cinta da shanta. Ban da haka, hanyar da aka bi aka tallata man nan ga karnuka ita ce dai hanyar da ake bi a tallata mana magungunan da ke warkar da cuta arba'in a kwalba guda.

Man kwakwa bai fara da farin jini a Amurka ba. A shekarun 1980 an yi masa yaƙi sosai tare da man ja, ana cewa suna toshe jijiyoyin zuciya, har kamfanonin abinci da yawa suka cire su daga kayansu. Bayan shekara ta 2000 sai iska ta juya. Aka fara kiransa abinci mai ban al'ajabi, masu rage ƙiba suka rungume shi, a 2008 kuma wata likita mai suna Mary Newport ta yi rubutun da ya bazu ƙwarai, inda ta ce man ya taimaki mijinta mai cutar mantuwa ta Alzaima. A 2016 jaridar New York Times ta sa aka yi tambaya: kashi 72 cikin ɗari na jama'ar Amurka suka ce man kwakwa abinci ne mai lafiya, amma a cikin masana abinci kashi 37 ne kawai suka yarda da haka. Mutumin da ya yi imani da abu a kan teburinsa, kuma ya ɗauki karensa tamkar ɗansa, ba zai daɗe ba zai zuba shi a kwanon karen. Daga nan kasuwar ta buɗe.

Mu duba abin da ke cikin kwalbar. Man kwakwa kitse ne zalla, babu furotin a cikinsa, babu wani bitamin na a zo a gani. Ƙungiyar likitocin zuciya ta Amurka, a sanarwar da ta fitar a 2017, ta ce kashi 82 cikin ɗari na man irin kitsen nan ne mai daskarewa, alhali a man shanu kashi 63 ne, a kitsen sa kuma kashi 50. Shi ya sa za ka ga kwalbar ruwa-ruwa kusan duk shekara a nan, amma da sanyin asubar hunturu ta daskare ta yi fari: yana narkewa ne a wajen digiri 24. Ba alamar jabu ba ce, halinsa ne. Adalci ya sa a faɗi cewa gargaɗin likitocin zuciya domin mutane aka yi shi. Jikin kare yana sarrafa kitse daban da namu, kuma toshewar jijiyar zuciya irin ta ɗan Adam ba kasafai take kama shi ba. Saboda haka ba zan tsorata kowa da ciwon zuciya ba. Matsalar kare a wani wuri take.

Masu talla suna jingina maganarsu da wani abu da ake kira MCT, wato kitse mai matsakaiciyar sarƙa. Kowane kitse sarƙa ce ta ƙwayoyin kabon. Masu ƙwaya 8 da masu 10 suna wucewa kai tsaye daga hanji zuwa hanta, hanta ta mayar da su wani makamashi da ƙwaƙwalwa ke iya amfani da shi. A kan wannan an yi bincike na gaske, kuma a kan karnuka. A 2010 masu bincike na kamfanin Purina sun wallafa sakamakon ciyar da tsofaffin karnuka abinci mai kashi 5.5 cikin ɗari na MCT, suka ga sun fi takwarorinsu iya gwaje-gwajen koyo da lura. A 2015 kuma, a makarantar likitocin dabbobi ta Royal Veterinary College da ke Landan, an gwada irin wannan abinci a kan karnuka 21 masu farfaɗiya: 3 sun daina faɗuwa a lokacin gwajin, wasu 7 kuma faɗuwarsu ta ragu da rabi ko fiye. Wannan sakamako ne mai kyau, kuma mai kare da ke fama da farfaɗiya yana da dalilin ya tambayi likita a kansa.

Sai dai ga inda aka yi wa jama'a rufa-ido. Karnukan Landan ba a ɗauke musu maganin farfaɗiyarsu ba, a kansa aka ƙara abincin. Abincin kuma an auna shi ne, an haɗa shi da tataccen MCT, ba cokalin man kwakwa aka zuba musu a kan tuwo ba. A cikin man kwakwa na kasuwa, masu ƙwaya 8 da 10 ɗin nan ba su kai kashi 20 cikin ɗari ba. Kusan rabinsa wani sinadari ne mai suna lorik, mai ƙwaya 12, wanda mafi yawansa jiki ke sarrafawa kamar sauran kitse. Daga kwakwa ake tace MCT, gaskiya ne, kamar yadda daga rake ake tace sukari, amma ba wanda zai jefa karan rake a shayi ya ce ya sa sukari. Wanda ya ɗauki sakamakon binciken MCT ya manna shi a kwalbar man kwakwa, ko dai bai karanta binciken ba, ko ya karanta ya yi shiru domin cinikinsa.

Haka labarin kaska da ƙuma yake. A 2018 masu bincike na ma'aikatar noma ta Amurka sun nuna cewa wasu sinadarai da aka fitar daga man kwakwa suna korar ƙudaje masu cizo da kaska da kuɗin cizo, har na kwanaki. Labarin ya zaga duniya, amma mutane suka tsallake jimlar da su masu binciken suka faɗa da bakinsu, cewa man kwakwa shi kansa ba ya korar waɗannan ƙwari. Lorik kuma yana kashe wasu ƙwayoyin cuta a cikin faranti a ɗakin gwaji. Cikin kare ba faranti ba ne. Game da tsutsar ciki kuwa, man kwakwa ba maganinta ba ne, kuma a nan ne abin ya daina zama wasan masu kuɗi. Akwai wata ƙaramar tsutsa da ke zama a hanjin kare, ƙwanta ya fita a kashinsa, tumaki da raƙuma su ci a ciyawa, ɗan Adam ma ya ɗauka a hannu ko a abinci. A jikin dabbar ko mutumin sai ta yi jakar ruwa a hanta ko a huhu, wadda sau da yawa sai da tiyata. Mahauta sun san jakunkunan nan, suna ganinsu a huhun dabbobi. Ƙwayar firazikwantel tana kashe tsutsar a cikin kare. Wanda ya bar ƙwayar ya dogara da cokalin mai, yaran gidansa ya sa a hatsari, ba karen kaɗai ba.

To, ko da bai yi magani ba, ai ba ya cutarwa, in ji wasu. Mu yi lissafi. Ma'aunin da aka fi yaɗawa a intanet shi ne ƙaramin cokali ɗaya ga kowane kilo 4.5 na nauyin kare, kullum. Ƙaramin cokali na mai yana da kalori wajen 40. Kare mai kilo 20 zai sha cokali 4 ke nan da ɗoriya, kalori 160 ko fiye, alhali abin da yake bukata a yini bai wuce kalori 1000 da kaɗan ba in ba aikin gudu yake yi ba. Likitocin dabbobi suna cewa duk abin da ake ƙarawa a kan ainihin abinci kada ya wuce kashi 10 cikin ɗari. Wannan ya haura 15. Ga karen da ke yini ɗaure a bayan gida, wannan ƙiba ce ake tara masa cokali-cokali. A Amurka, inda aka fi yin wannan ado, wani ƙiyasi na 2022 ya nuna kashi 59 cikin ɗari na karnukan ƙasar nauyinsu ya wuce ƙima. Kuma an san abin da ƙiba ke ci: a wani dogon bincike da aka wallafa a 2002 an bi karnuka 48 irin Labrado tun suna ƴan kwikwiyo har mutuwarsu, rabinsu ana rage musu kashi 25 cikin ɗari na abinci. Waɗanda aka rage wa sun fi ƴan uwansu tsawon rai da kusan shekara biyu, ciwon gaɓoɓi ma ya jinkirta zuwar musu.

Mu a nan muna da wata ɗabi'a ta auna lafiyar dabba da ƙibarta, domin idonmu ya saba da ragon layya. Kare ba rago ba ne. Ku dubi karen Azawak, wanda sunansa ya fito daga kwarin da ke arewacin Tawa, wanda Turawa suka kwasa tun shekarun 1970 suna alfahari da shi, har babbar ƙungiyar masu karnuka ta Amurka ta shigar da shi cikin rajistarta a 2019. A ƙa'idar da suka rubuta masa, ganin haƙarƙarinsa da ƙasusuwan ƙugunsa ba aibu ba ne, siffarsa ce. Makiyaya sun raine shi da madara da hatsi da abin da ya samu na farauta, ya kuma kamo barewa da gudu. Mai neman ya ga karensa ya yi sumul kamar buhun gero, ga misali nan daga ƙasarsa da ya kamata ya tsaya ya duba.

Bayan ƙiba akwai abin da ke zuwa da gaggawa. Mai da yawa lokaci guda yana sa kare zawo da amai, wannan kowa ya gani. Wanda ya fi muni shi ne kumburin fankiriyas, wata gaɓa da ke kwance kusa da tumbi da farkon hanji, wadda ke fitar da ruwan narkar da abinci. Abinci mai maiƙo sosai yana cikin abubuwan da aka sani suna tayar da wannan ciwo, musamman ga kare mai ƙiba ko wanda ya taɓa yin sa. Alamunsa amai a kai a kai, ƙin abinci, gantsarewar baya saboda ciwon ciki, da kasala. Yana iya kisa. Likitocin dabbobi a Amurka sun san shi a matsayin ciwon bayan biki, lokacin da ake zuba wa karnuka fata da kitsen talotalo. Namu bikin shi ne sallar layya, ranar da karen da ya shekara yana cin ƙanzo zai samu kitsen rago kasko guda. Wanda yake ɗura wa karensa mai kullum, sannan ya ƙara masa da wannan, shi ya san abin da yake nema.

Akwai magana ɗaya da masu man kwakwa ke faɗa wadda ke da ƙamshin gaskiya, wato sheƙin gashi. Karen da abincinsa tuwon hatsi ne da dusa kawai yana cikin ƙarancin mai, gashinsa ya bushe, fatarsa ta yi garje. Kowane mai ka ƙara masa za ka ga canji, sai ka ɗauka wani sirri ne a cikin kwakwa. Amma man da fatar kare ke bukata, wanda jikinsa ba ya iya ƙerawa sai ya ci, shi ne linoleyik, na dangin omega-6. A man kwakwa kashi 2 cikin ɗari ne kacal ko ƙasa da haka. A man gyaɗa yana kai wajen kashi 30. Wato man da matan Maraɗi da Damagaram ke matsewa da hannunsu ya fi na kwalbar da ta taso daga gaɓar teku amfani ga fatar kare nesa ba kusa ba. Kwakwa ba ta fita a ƙasarmu. Manyan masu samar da manta su ne Filifin da Indonesiya da Indiya, wanda ke iso mana kuma sai ya biya kuɗin jirgi da na mota da na duwan. Shi kuwa omega-3, wanda aka fi samun hujjar amfaninsa ga ƙaiƙayin fata da ciwon gaɓoɓin karnuka, a man kifin teku yake, man kwakwa ba shi da shi. Ɗan sardin lokaci-lokaci ya fi cokali goma.

In kuma gashin yana zubewa ne, fata ta yi ɓawo, kare yana ta susa har jini, to a yi zaton ƙazuwa, kuma ƙazuwa tana da maganinta wurin likitan dabbobi. A nan dole in ce man kwakwa ya fi abin da wasunmu ke yi, wato shafa wa kare baƙin man mota. Wannan guba ne, yana ƙona fata, karen kuma yana lasarsa. A daina.

Yanzu ga abin da ya sa na ce kuɗin yana da wurin da ya fi. Hukumar Lafiya ta Duniya, OMS, ta ƙiyasta cewa ciwon haukan kare yana kashe mutum wajen 59,000 a kowace shekara, kashi 95 cikin ɗari a Afirka da Asiya, kuma kusan 4 cikin kowane 10 yara ne ƴan ƙasa da shekara 15. Kusan dukkansu ta cizon kare suka ɗauka. Da zarar alamun ciwon sun bayyana, kusan babu mai tashi. Mai kare a Amurka yana iya ɓata lokacinsa a kan cokalin mai, domin ƙasarsa ta riga ta kawar da irin haukan da ke yawo tsakanin karnuka, kuma a mafi yawan jihohinta doka ce a yi wa kare allura. Mu ba mu kai nan ba. Masana sun ce in aka yi wa kashi 70 cikin ɗari na karnukan wuri allura, cutar tana yankewa. Ba a nesa aka gwada ba: a Njamena an yi gangamin allurar karnuka a 2012 da 2013, aka haura wannan adadi, cutar ta faɗi warwas a birnin, sai daga baya ta sake shigowa ta karnukan da ke zuwa daga waje. Duniya ta sa wa kanta 2030 a matsayin shekarar da za a daina mutuwa ta wannan hanya, kuma kowace 28 ga Satumba, ranar da Louis Pasteur ya rasu, ana tunawa da lamarin.

Don haka tambayar da zan yi wa duk mai kwalbar man kwakwa a gefen kaskon karensa ita ce: ina karnen allurarsa? Ana fara yi wa kwikwiyo allurar hauka daga wata uku, a riƙa maimaitawa yadda likita ya rubuta. Yaushe rabon a ba shi maganin tsutsa, wanda aka saba bayarwa duk wata uku? Me aka yi wa kaskar da ke kunnensa, wadda ke ɗauke da cututtukan da ke shanye jinin kare? Kuma mutanen gida sun san cewa in kare ya ciji yaro, abu na farko shi ne a wanke wurin da ruwa da sabulu na tsawon minti 15, sannan a tafi asibiti a ranar, ba a tsaya jiran a ga ko karen zai haukace ba? In duk wannan ya kammala kuma kuɗi ya yi saura, sai a yi maganar ƙari.

Ƙarin da karenmu ya fi bukata ma ba mai ba ne, furotin ne. Mai ba karensa cikakken abincin buhu na kirki ya riga ya gama, an auna komai a ciki, duk abin da ya ƙara ɓata ma'auni ne. Mai dafa masa a gida kuma, tuwo ko shinkafa su samu rakiyar ƙwai, ko kifi, ko kayan ciki daga mahauta, amma a dafa su, domin ɗanyen huhu da hanta su ne hanyar tsutsar da na ambata. Ƙuli-ƙuli yana da furotin, sai dai wanda ya yi hunhuna a zubar da shi: gubar hunhunar gyaɗa da masara tana lalata hantar kare da sauri, kuma ta kashe karnuka fiye da ɗari a Amurka a ƙarshen 2020 da farkon 2021 ta cikin abincin buhu. Sai kuma abin da ba a cika faɗa mana ba a ƙasar albasar Galmi: albasa da tafarnuwa, ɗanye ko dafaffe, suna fasa jajayen ƙwayoyin jinin kare. Sauran miyar da ta sha albasa, in ana juye masa kullum, tana iya zama sanadin kasalar da mai gida zai je yana nema wa magani a intanet.

Wanda ya riga ya sayi kwalbar ba sai ya zubar ba. In hunturu ya busar da hancin kare ko ya tsattsage masa tafin ƙafa, a shafa ɗan kaɗan, yana laushi kamar yadda man kaɗanya ke yi, kuma in ya lashe wannan ɗan ba zai yi masa komai ba. Kada a shafa a kan buɗaɗɗen rauni ko a ɗura a kunne. Karen da ke da ƙiba, ko wanda ya taɓa kumburin fankiriyas, ko mai yawan zawo, kada a ba shi ko cokali ɗaya. Mai farfaɗiya ko tsohon da ya fara ruɗewa, a kai shi wurin likitan dabbobi a yi maganar MCT da sunansa, a bar likita ya auna. Sauran man kuma a miƙa wa uwargida, ya fi amfani a gashinta.